Gefen Shiuli da Ba a Ɗauka Ba

Da asubar Talatar nan Dilruba Khanam ta idar da salla, ta ɗora ruwan shayi, sannan ta shiga ɗaki ta tashi 'yarta Shiuli. An kwana ana ruwa a Mirpur, unguwarsu a birnin Dhaka, layinsu ya cika har bakin matakala. Shiuli ta juya wa bango fuska, ta ce a bar ta ta ƙara runtsawa don girman Allah. Uwar ta ce ba ita ta ɗauke ta aiki ba, ta je ta roƙi Kamrul Bhai, daraktan da take yi wa aiki.

Da gari ya waye suka zauna a baranda, uwar a kan kujera, 'yar a ƙasa tsakanin ƙafafunta, aka shiga aikin gashi. Gashin Shiuli ya wuce ƙugu, taje shi kuma ba na mai gaggawa ba ne: daga ƙasa ake farawa, a hau sannu a hankali, da man kwakwa kaɗan a tafin hannu. Tana zaune tana cin gurasar ruti da soyayyen dankali da cokali, domin kurkum yana rina farce. Ta yi shekaru a gidan nan ba ta yanka albasa ba, ba ta zauna gaban boti, wuƙar da ake kafawa a ƙasa, ta gyara kifi ba, ba ta tsoma hannu a ruwan wanki ba. Da hannayen nan da gashin nan take cin abinci, don haka aikin gida duk a kan uwar yake.

"Ammu, yau fa zan yi magana," in ji Shiuli.

"Ke da tun kina rarrafe ba ki rufe baki ba?"

"A gaban kyamara nake nufi. Da fuskata, ba da ƙeyata ba. Ni ce ƙanwar amarya a wasan Sallar nan. Zan shigo ɗaki in ce: Apa, share hawayenki, dangin ango sun iso ƙofa."

"Sai kuma me?"

"Sai in fita."

"Shi ke nan?"

"Shi ke nan kika ce? Ammu, akwai waɗanda suka yi furfura a gidajen ɗaukar wasa na Uttara ba a taɓa ba su ko 'to' sun faɗa ba. Da Sallah ƙasar nan kaf za ta ga fuskar 'yarki. Ki gayyato maƙwabciyarmu Khala ta hawa na uku, wadda take ce wa mutane ni 'yar riƙon jaka ce."

Ta yi ta maimaita maganar da murya iri-iri. Uwar ta ce ta farko kamar mai tallan kifi, ta biyu kamar mai karanta labarai. Shiuli ta ce tsohuwar malamar kimiyya, me ta sani a harkar wasa.

Da hantsi aka haɗa jaka. A wasannin talabijin na Dhaka ƙananan 'yan wasa da kayansu suke zuwa, kuma abin da ka sa a farkon wasa shi za ka sa har ƙarshensa, ko da za a yi wata guda ana ɗauka. Shiuli ta sa riga da wando ruwan ɗorawa, kayan ƙanwar amarya. Jan sarin kuwa Dilruba ce ta ninke shi da hannunta. Sarin aurenta ne, na alharini, saƙar hannu, da zaren zinariya a bakinsa. Wata rana Shiuli ta tafi da shi wurin aiki, Tithi jarumar wasan ta gani ta ce shi za ta sa a matsayin amarya ko a nemi wata jarumar. Tun daga nan sarin ya shiga wasa: in kyamara na kallon fuska, Tithi ce a ciki, in tana kallon baya, Shiuli ce. Sharaɗi ɗaya Dilruba ta kafa, sarin a gida zai riƙa kwana.

Ta raka ta har ƙasa, ta tsare mata adaidaita, ta tsaya riƙe da laima har suka sha kwana.

Bayan azahar Shiuli ta kira. Tithi ba ta iso ba, kowa yana zaune, sauro ya cika gidan da aka kama haya don ɗaukar wasan, ita kuma Jharna Apa mai kwalliya ta shafa mata hoda har sau biyu, duk ta narke. Da la'asar ba ta kira ba. Dilruba ta wanke shinkafa da waken dal, ta haɗa su ta dafa kichuri tun da ranar ruwa ce, ta yanka gauta ta ajiye sai Shiuli ta dawo a soya. Magariba ta wuce. Ana kiran isha'i Shiuli ta shigo, gashi a jiƙe sharkaf, sarin a cikin leda. An tsayar da ita a kan soro ta ba da baya, ana watsa mata ruwa da tiyo, wai amarya ce take kuka cikin ruwan sama.

"An ɗauki maganar taki?" uwar ta tambaya tana warware sarin a ƙarƙashin fanka.

"An ɗauki gefen Tithi Apa, tana sauri za ta buɗe wani shagon takalma a unguwar Gulshan. Gobe sai a ɗauki gefena."

Hankalin Dilruba yana kan zaren zinariyar da ruwa ya taɓa. "An ɗauka" kaɗai ta riƙe, ta ce alhamdu lillahi. Suka ci kichuri, Shiuli ta yi ƙari. Kafin ta kwanta ta sa uwar ta goge mata kayan nan ruwan ɗorawa, ta rataye su a bayan ƙofa saboda gobe.

A Tangail aka haifi Shiuli, a gidan kakanta na wajen uba. Sunanta na takarda Shiuli Afroza Haque. Mahaifinta injiniyan jirgin ƙasa ne, ya rasu tana aji biyar, uwar ta taho da ita Dhaka inda take koyarwa a wata kwalejin mata. Yarinya ce mai kwaikwayon mutane. Da baƙi sun fita za ta sa tabaran uwarta ta mayar da duk abin da suka faɗa, har da tarinsu. Ta gama digiri a fannin tarihi, ba da wani sakamako na a zo a gani ba, ta ce ita koyarwa ba hanyarta ba ce.

Ta shiga wata gasar neman sababbin fuskoki da wani gidan talabijin ya shirya. Alƙalan su uku ne, cikinsu har da wata tsohuwar jaruma da man bilicin ya mayar da fuskarta kamar dafaffen ƙwai. Ita ce ta riƙe haɓar Shiuli ta juya ta hagu da dama, ta ce kalarta ta yi duhu, kyamara ba ta son irinta. Amma da Shiuli ta juya za ta fita, wani daga cikinsu ya ce ta tsaya ta warware gashin. Wannan mutumin shi ne Kamrul.

Aikinta na farko tallan man gashi ne. Tithi ta yi murmushi ta ɗaga kwalba, kyamara ta koma baya, gashi ya zubo baƙi wuluk har ƙugu. Gashin Tithi na gaskiya bai wuce kafaɗa ba, rini ya cinye shi. Mata suka yi ta sayen man. Daga nan sai tallan sabulu, inda ake buƙatar hannu cikin kumfa, sai na zobe, sai wasanni. Tsawonsu ɗaya da Tithi, faɗin kafaɗarsu ɗaya. Duk inda aka ga Tithi ta ba da baya tana tafiya a bakin kogi, ko ta tsoma ƙafa a taɓo, ko ruwa yana dukanta, Shiuli ce. Ita Tithi tana cikin mota mai sanyi tana latsa waya.

Sai kuma maganar Rishad, jarumin da ake haɗa su da Tithi a kowane wasa. Shekaru ƙasar nan ta ɗauka tana tambayar abu guda: soyayya suke yi ko kuwa? Da Sallah ta gabato sai a ji sun ɓata, Tithi ta rubuta wata magana mai ɗaci ba tare da ambaton suna ba, Rishad ya bar gemu. Ana jajibiri sai a gan su a filin jirgi da tabarau iri ɗaya. 'Yan jarida su rubuta, 'yan mata su yi kuka, kamfanoni su sayi lokacin talla. A wurin aiki kuwa ba sa ga-maciji. In Rishad yana so ta matsa, sai ya gaya wa darakta ya gaya mata, tana tsaye kusa da shi. In za su rungumi juna, ɗanyar albasa yake ci tukuna. Shiuli kan dawo gida ta kwaikwaye su duka biyun, ta yi Rishad yana gyara gashi a jikin cokali, ta yi Tithi tana kuka da ido ɗaya tana leƙen madubi da ɗayan, har Dilruba ta ce ta bari haka nan, zunubi ne.

Hoton nan da kowa ya sani, na hannun mace da lalle a cikin hannun namiji, wanda ya fita da ƙaramar Sallah har aka yi mako ana cewa an yi baiko a ɓoye, a ɗakin girkin gidan ɗaukar wasa aka ɗauke shi. Tithi ta ce ba za ta taɓa hannun mai warin albasa ba tare da an biya ta daban ba. Aka kira Shiuli. Rishad yana waya da ɗayan hannun, ko kallonta bai yi ba, abin da ya ce kawai shi ne hannun da sanyi, a ɗumama shi. Lallen kuwa Dilruba ce ta sa mata a baranda, irin na da: da'ira a tsakiyar tafi, kan yatsu a rufe. Bayan hoton ya fita, shagunan kwalliya suka fara yin sa suna kiransa lallen Tithi.

Shiuli ba ta taɓa jin haushin wannan ba, ko ba ta nuna ba. Abu ɗaya take so, ta kuma faɗe shi ba kunya: sau ɗaya dai a ga fuskarta. Kamrul ya yi ta ce mata sai wasa na gaba, sai wasa na gaba, har aka zo na babbar Sallar bana.

Ranar Laraba, washegarin Talatar nan, Shiuli ta tashi da zazzaɓi da ciwon bayan ido. Dengi ne. Ruwan tiyo ba ya kawo dengi, sauro ke kawo shi, kuma sauron Mirpur ba ya jin tsoron na Uttara, don haka Dilruba ba ta taɓa cewa masu wasan ne suka kashe mata 'ya ba. Likitoci sun yi iya ƙoƙarinsu. Jinin ya yi ta yin ƙasa, aka nemo masu bayarwa daga cikin tsofaffin ɗaliban Dilruba, aka ƙara mata, bai tsaya ba.

Wayar Shiuli tana hannun uwar a kwanakin nan. Kamrul ya kira washegari, ya kira jibi, ya sa yaransa suka kira. Kowane kira da "ya jikin nata" yake farawa, kafin a amsa an kai ga sari. Saura wurin ɗaurin aure ba a ɗauka ba, Sallah ta matso, ko za a turo direba ya karɓa? Dilruba ta ce tana asibiti, sarin yana gida, makullin yana jikinta, ita kuma ba inda za ta.

Sau ɗaya Shiuli ta buɗe ido ta ce, "Ammu, kin ce masa ya jira ni da gefena?" Uwar ta ɗauka zafin zazzaɓi ne, ta ce ta gaya masa. Ta rasu da hantsin wata Alhamis, tana da shekara ashirin da shida. Aka kai ta Tangail kusa da mahaifinta.

Ranar kulkhani, addu'ar kwana huɗu, gidan na Mirpur ya cika da maƙwabta da malaman kwaleji. Dilruba tana tsaye a taga lokacin da motoci biyu suka tsaya a bakin layi, ɗaya can ɗaya nan. Rishad ya fito daga ɗaya, Tithi daga ɗaya, kowa da fararen kaya. Suka tsaya ba mai kallon wani har mai hotonsu ya gama saita kyamara, sannan Rishad ya miƙa hannu, Tithi ta jingina da kafaɗarsa, suka tako cikin taɓo a hankali. Yaran layi suka yi caa a kansu. Matan da suka zo karatun Alƙur'ani suka ajiye izufinsu suka leƙa.

Tithi ta rungume Dilruba, ta juya da ita kaɗan don haske ya faɗo daidai.

"Khalamma, ƙanwata ce. Wallahi ƙanwata ce. Ko wanka ba na iya yi tun da na ji."

Ƙamshin turarenta ya cika ɗakin. Dilruba ta ce ta gode, ta nuna mata tabarma. Rishad ya zauna cikin maza, ya ɗaga hannu wurin addu'a yadda yake ɗagawa a wasanni, fuska sama, ido a rufe, gefensa mai kyau yana wajen ƙofa. Ba su taɓa jilapi, kayan zaƙin da aka raba, ba. Da mai hoto ya ce ya isa, suka tafi.

Kamrul ne ya tsaya. Ya durƙusa a gabanta, ya taɓa ƙafarta.

"Khalamma, kunya ta hana ni buɗe baki. Amma wasan nan shi ne aikinta na ƙarshe. In babu sarin, sai dai a zubar da komai."

"Wa zai ba da baya a cikinsa?"

"An samu wata yarinya. Gashin dai sai an ƙara mata."

Dilruba ta kalli saman kansa inda gashi ya fara zubewa. Sannan ta ce, "Ta gaya min ta yi magana a wasan nan. Ƙanwar amarya."

"Ta yi, Khalamma, ta yi! Kowa sai da ya tafa mata."

"To ga abin da nake so. Wurin nan ya fito yadda yake, a ga fuskarta. Ba na son kuɗin haya, ba na son ta'aziyya a jarida. Fuskarta kawai."

Kamrul ya dafa ƙirji da hannu biyu. Ya rantse da kabarin mahaifiyarsa. Ya ce in ya yanke wurin nan, kada Allah ya ba shi ikon ɗaukar wani wasa. Ta shiga ɗaki ta ɗauko sarin, ta ce Jharna mai kwalliya ce za ta riƙa dawo da shi kullum da yamma, kamar yadda aka saba.

Washegarin Sallah bayan magariba aka sa wasan. Dilruba ta gayyaci Khala ta hawa na uku kamar yadda aka ce mata ta yi, da wasu maƙwabta, da Jharna. Ta dafa shemai, taliyar madara ta Sallah, ta jera kujeru. Ta ga 'yarta tun a farkon wasa, tana tafiya a gefen gonar shinkafa ta ba da baya. Ta ga hannunta yana zuba wa Rishad shayi. Ta gan ta a kan soro cikin jan sari, ruwa yana dukan kafaɗunta. Ba ta nuna wa kowa ba, jira take.

Aka zo ɗakin amarya. Tithi tana zaune a bakin gado, fuskarta ta cika allon, hawaye na gangarowa daga ido ɗaya. A gefen hagu aka ga kafaɗa cikin riga ruwan ɗorawa, da kitso guda mai kauri, da bayan kunne. Muryar Shiuli ta ce, "Apa, share hawayenki, dangin ango sun iso ƙofa." Ba ta yi kama da mai tallan kifi ba, ba ta yi kama da mai karanta labarai ba. Tithi ta ɗago kai a hankali, aka daɗe a kanta. Kafaɗar ta fice daga allon. Sai tallan man gashi.

"Ina take? An wuce wurin ne?" in ji Khala ta hawa na uku.

Dilruba ta tashi ta kwashe kwanuka. Jharna ta bi ta ɗakin girki, ta tsaya a bakin ƙofa tana murza bakin mayafinta.

"Ya yanke," in ji Dilruba.

"Bai yanke ba, Khalamma. Babu abin yankewa." Jharna ta yi mata bayani. Da kyamara ɗaya ake aiki. In mutum biyu za su yi magana, sai a kafa ta a bayan ɗaya a ɗauki fuskar ɗayan, a gama, sannan a juya fitilu a ɗauki ɗaya gefen. Ranar nan an ɗauki gefen Tithi, Shiuli ta yi ta faɗar maganarta tana ba wa kyamara baya har Tithi ta samu hawayen da take so. Sai Tithi ta tafi shagon takalma, aka ce gefen Shiuli sai gobe. "Na ɗauka kin sani. Ranar kulkhani ina falo, ban ji abin da ya ce miki ba. Da na ji, wallahi da na tona shi a gaban mutane, ɗan banza."

Dilruba ta ci gaba da wanke kwanon da ke hannunta. Ashe 'yarta ta gaya mata, har sau biyu, da kalmomi daidai. Shi kuwa ya san babu komai a hannunsa lokacin da yake ambaton kabarin uwarsa.

Wasan ya karɓu. Aka yi ta magana a kan sarin amarya. Kafin sati biyu Rishad da Tithi suka sanar cewa sun daina ɓoye-ɓoye, za a yi baikonsu kai tsaye a talabijin, wani shagon gwal ne ya ɗauki nauyi. Shagon ya kafa ƙaton allo a kan hanyar kasuwa, da hoton nan na hannu cikin hannu. Duk ranar da Dilruba za ta sayo kayan miya sai ta wuce ƙarƙashin hannun 'yarta, da'irar lallen da ta zana ta kai faɗin faranti.

Kamrul ya sake zuwa, da kwalin kayan zaƙi. Masu kallo sun nace, in ji shi, sai Tithi ta sa sarin nan ranar baiko. Game da wancan wurin kuwa, gidan talabijin ne suka yanke saboda talla, shi har kuka ya yi.

"Kawo min abin da suka yanke, ka tafi da sarin," in ji Dilruba.

Ya ce zai bincika, amma mai yiwuwa an goge.

"Ba a goge abin da ba a ɗauka ba, Kamrul."

Sai ya gyara zama, ya ce to ga wata shawara wadda ta ma fi: a farkon shirin baikon za a rubuta sunanta a allo, da farin rubutu a kan baƙi, ƙasa duka ta gani.

"Wane suna za ka rubuta?"

"Shiuli mana, Khalamma."

"Shiuli wa?"

Ya yi dariyar yaƙe, ya ce kansa ya ɗauki zafi kwanan nan, ya ciro waya yana nema. Tana zaune kusa da shi, tabaranta a ido, ta ga lambar 'yarta da ta haddace, ta ga abin da ya rubuta a kanta: Bayan Tithi.

Ta miƙa masa kwalin kayan zaƙinsa, ta ce ya kula da matakala ta uku, tana da santsi.

An yi baikon. Tithi ta sa wani jan sari da aka sayo a kasuwar masaƙa ta nan Mirpur, na inji, zarensa na roba. Ba wanda ya lura. 'Yan jarida suka rubuta cewa sarin wasan ne, gadon kakarta. Dilruba ba ta kalla ba, Khala ce ta hawo da labarin.

Bayan sadakar arba'in ta buɗe ɗakin Shiuli. Littattafan tarihi ta kai wa ɗakin karatun kwalejin. Jan farce da mayukan hannu da kwalaben man gashi da kamfani ke ba ta kyauta, Jharna ta kwashe don aikinta. Kayan sawa da takalma ta raba wa 'yan matan masaƙar tufafi da ke haya a gidajen kwano na bayan layi. Wayar ta cire layin, ta ba ɗan mai gadi da ya shiga kwaleji.

Cikin 'yan matan nan akwai Moyna, baƙa siririya 'yar yankin Bhola, mai ɗinka wuyan riga, wadda za a ɗaura wa aure a ƙauyensu bayan damina da wani mai gyaran injin kwalekwale da ta zaɓa da kanta. Dilruba ta kira ta sama ita kaɗai, ta ɗora mata jan sarin a hannu. Yarinyar ta tsorata, ta ce wannan ai ya fi ƙarfinta, ina za ta kai shi.

"Jikinki za ki kai shi. Abu ɗaya nake roƙo, 'yata. Na san amare sunkuyar da kai suke yi. In za a ɗauke ki hoto, ki ɗago ki kalli mai ɗauka."

Hoton ya zo bayan wata biyu, a wayar mai gadi. Moyna tana tsaye a gaban bishiyar ayaba, sarin ya yi mata yawa an naɗe shi sau biyu a ƙugu, goshinta yana ƙyalli da zufa, ta buɗe ido tar tana kallon gaba, haƙoranta duk a waje. Dilruba ta sa aka wanko shi, ta ajiye a kan talabijin.

Matajin Shiuli ta wanke, tana amfani da shi. Riga da wandon nan ruwan ɗorawa ne kaɗai ba ta ba kowa ba. Suna nan a bayan ƙofa inda Shiuli ta rataye su, a goge. Takan sauke su lokaci-lokaci ta kakkaɓe, saboda ɗanshin damina, ta mayar.